Shekarar da Na Auna Giya da Gwangwanin Mai

Na san an sha gaya muku. Ko ba a faɗa muku a fuska ba, kun ji a gidan biki ko a bakin famfo cewa uwarku, Dije mai mai, ta taɓa sayen giya da rana tsaka, ta ƙunso ta a cikin zane ta ratsa kasuwar Birnin Gwari da ita. Ban taɓa ƙaryata maganar ba, domin ba ƙarya ba ce. Dalilin ne kawai na riƙe a cikina, saboda a lokacin babanku yana raye, kuma na gwammace a ci mutuncina da a taɓa nasa. Yanzu shi da kakarku Iya duk sun riga mu gidan gaskiya, kuma shi da bakinsa, a ciwonsa na ƙarshe, ya ce in zauna in gaya muku komai. Na yi ta jan ƙafa. Yau dai na zauna.

Ku manya kun tuna lokacin da 'yan bindiga suka tare motarsa a hanyar Kaduna suka shige daji da shi da fasinjojinsa. Ku ƙanana kun tashi kun ji ana faɗa. Sai da aka sayar da gonarmu ta Kuyello aka karɓo shi, gida ya cika da 'yan barka, kowa yana cewa Allah ya kiyaye gaba. Amma wanda ya dawo mana ba shi ne wanda ya fita ba. Mutumin da in ya yi dariya a tsakar gida har kaji sai sun watse, ya koma zama a bakin zaure yana kallon ƙasa. Ƙarar babur ta isa ta sa ya zabura. Bai taɓa gaya mini abin da ya gani a dajin nan ba, ni ma ban matsa masa ba. A tasha ne wani abokin aikinsa, wai shi mai taimako, ya miƙa masa 'yar ledar nan ta giya ya ce za ta sa shi barci. Ta kuwa sa shi. Daga ɗaya sai biyu, daga yamma sai safe, har ta kai hannunsa ba ya tsayawa a kan sitiyari sai ya sha. Ni na fara ganewa, don ni ke zazzage aljihunsa in zan yi wanki. Na yi kuka, na yi faɗa, har yaji na yi zuwa gidan yayana, na gaji da jiran biko na tattaro kayana na dawo da ƙafata. Duk bai hana komai ba.

Iya ba ta sani ba sai da abin ya yi nisa. Tana shara ta tsinci ledar a bayan tulu, ta kai hanci, ta jefar kamar ta taɓa wuta. Ba ta yi ihu ba, Iya ba ta ihu. Jira ta yi ya dawo, ta kira shi ɗakinta da sunan da take kiransa har gemunsa ya yi furfura.

"Auta, zauna. Ni na haife ka ko wata ce?"

"Ke ce, Iya."

"To ka rantse mini daga yau ba za ka ƙara kai wannan ƙazantar bakinka ba. Ba gobe ba, yau."

Ya rantse, yana hawaye. Ni ina bakin ƙofa ina jin daɗi, ina cewa a raina ga abin da na kasa yi shekara da shekaru tsohuwa ta gama shi kafin a kira la'asar. Ba mu san abin da muka jawo ba, daga ni har ita.

A daminar nan hanyar Kaduna ta mutu. Da farko sai da rakiyar sojoji ake wucewa, daga baya ko rakiyar ma aka daina, gari ya koma kamar an rufe tukunya. Ba mota mai shiga, ba mai fita. A cikin wannan hali babanku ya cika alkawarinsa. Ranar farko zufa ce ta riƙa keto masa ana ruwan sama. Washegari hannunsa ya kasa riƙe ludayin kunu. Daga nan ya fara nuna bango yana cewa ga su nan sun zo, a ɓoye yara. Da hantsi kuwa, ina tsaye ina tace man gyaɗa, sai na ji faɗuwa. Na same shi a ƙasa yana fisge-fisge, ya ciji harshensa, jini da kumfa a bakinsa. Iya ta ce iskokin dajin ne suka biyo shi, ta hau turara hayaƙi, ta aika a karɓo rubutu. Ni kuma na fita ko mayafin kirki ban ɗauka ba, na nufi gidan Baba Yohanna.

Wasu cikinku ba su riske shi ba. Maƙwabcinmu ne, mutumin Gbagyi, Kirista, tsohon malamin asibiti da ya yi ritaya ya buɗe ɗan shagon magani a zaurensa. Rabin unguwarmu shi ya yi wa allura. Ya zo yana dogara sanda, ya juya babanku gefe guda, ya duba idonsa, ya riƙe wuyan hannunsa, sannan ya ɗago ya dube ni.

"Maman Rabi, ki gaya mini gaskiya. Yana sha?"

Na sunkuyar da kai.

"Yaushe rabonsa da ita?"

"Tun ranar da Iya ta sa shi rantsuwa. Yau kwana uku."

"Lokaci guda ya yanke?" Ya girgiza kai. "Ba iska ba ce. Jikinsa ne ya saba. Wanda ya kai inda ya kai ba a yanke masa lokaci guda, yana iya mutuwa. Akwai ƙwayar da ake ba su a asibiti, tawa ta ƙare, can ma na tambaya jiya don wani, babu, motar magani ba ta shigo ba. Abin da ya rage mana shi ne a ba jikin abin da yake nema, kaɗan-kaɗan, kullum ana ragewa, har ya haƙura."

Iya ta ajiye kaskon turaren a hankali.

"Yohanna, da girmanka? Ka shigo gidan Musulmi ka ce a ɗura wa ɗana giya, wai magani?"

"Iya, ni ma ba na sha, cocinmu ta hana. Ba daɗi nake nema masa ba. Faɗuwar da zai yi nan gaba, ban san ko zai tashi ba."

Ta tashi ta shige ɗakinta ta saki asabari, ta ce ba ruwanta, kowa ya yi abin da zai iya amsawa a gaban Allah. Baba Yohanna ya ce shi zai je ya nemo, ya san matsayina a gari. Bai kai zaure ba babanku ya fara wata fisgar, dole ya dawo ya riƙe masa kai. Na dubi gidan. Ku ƙanana ne, ba zan aiki ɗana irin wannan wuri ba. Na ɗauki hijabi na fita. Kada ku zaci jarumtaka ce, dole ce ta sa ni.

Bayan kasuwa, kusa da shingen sojoji, akwai rumfar wata mata da kowa ya san abin da take sayarwa, kowa kuma yake yin kamar bai sani ba. Ranar kasuwa ce, don ƙarin abin kunya. 'Yan acaɓa jere a gindin bishiya, duk sun san ni, wasu ni na sayar wa iyayensu man suna. Matar tana ganina ta miƙe tsaye.

"Hajiya, ɓatan hanya kika yi?"

"Ban ɓata ba. Giya nake so."

Ta ce 'yar leda ta ƙare tun da hanya ta rufe, komai ya ƙare, kwalba ɗaya tak ta rage a bayan kanta, ita ma tsadarta ce ta hana a saya. Ta sauko da ita ta goge da gefen zane. Sunanta bodka, in ji ta, giyar Turawa. Ni da na zaci zan ga abu ja ko baƙi, sai na ga fari tas kamar ruwan randa. Abin da ya fi ba ni haushi kuwa, na san kwalbar. Irinta ce nake saye fanko a hannun 'yan gwangwan in wanke in zuba man gyaɗa, tun ina amarya, ban taɓa tambayar me ta ɗauko kafin ta zo hannuna ba. Matar ba ta tambaye ni komai ba, Allah ya saka mata. Da zan fita ta ce, Allah ya ba shi lafiya. Na ƙunshe kwalbar a zane na ratsa kasuwa, idanu suna bina har gida.

A tsakar gida muka zauna da Baba Yohanna, kwalba a tsakaninmu, muna kallonta kamar baƙuwa. Ya ce abin da ya dame shi ɗaya ne: babu wata a garin nan, don haka sai mun san sha nawa za ta bayar kafin a buɗe ta, kuma sai ta kai mako guda. Ya tambaye ni da me nake awo. Na ɗauko ƙaramin gwangwanin tumatir da nake auna mai da shi.

"Wannan kwalbar, sau nawa take cika shi?"

"Sha ɗaya, in an cika shi har baki."

"Kin tabbata?"

"Baba, ko cikin barci ka tashe ni."

Ya yi ɗan murmushi, ya shiga rabawa da yatsunsa. Yau uku, a rarraba safe da rana da yamma, a sirka da ruwa mai yawa. Gobe da jibi biyu-biyu. Daga nan a yi ta sauka har ranar ƙarshe ta zama rabin gwangwani. A matsa masa ya sha kunu ko ba ya so. Ya ɗora hannu a kan murfin ya ce mini, Maman Rabi, kada ki ga kamar giya ce, ran mijinki ne a ciki, in ta ƙare kafin lokaci mun koma inda muka fito.

Da na kai masa kofin farko ya kawar da kai. Ya ce ya yi wa Iya rantsuwa. Na ce masa rantsuwa tana da kaffara, mutuwa ba ta da ita, ya buɗe baki kafin raina ya ɓaci. Ya sha yana kuka. Ba a jima ba rawar hannun ta lafa, idonsa ya dawo daidai, ya gane ni, har ya tambayi ina yara. Wallahi na ji sanyi, kuma na ji tsanar abin ta ƙaru a zuciyata, ganin yadda ya yi masa abin da hawayena suka kasa.

A makon nan ciniki ya ɗauke mini ɗif. Gidan da yara ke layi da kwanoni tun safe, aka wayi gari ba mai sallama. Labari ya zaga cewa kwalaben maina na giya ne, wata ma ta rantse ta ji warinta a miyarta. Matan da muke zuwa Islamiyya tare suka koma gaishe ni daga nesa. Da na buɗe baki na ce mijina ne, da an tausaya mini, amma da ba wanda zai sake shiga motarsa, ba mai ba ku aure ba tare da an tuna muku ba. Na yi shiru. Cinikin bai sake dawowa kamar da ba, shi ya sa kuka tashi kuka gan ni ina wankau da surfe, ba don ina sha'awa ba.

Amma ba wannan ne ya kusa kashe ni ba. Kun san al'adar mai awo a garin nan: in ka cika gwangwani ka juye wa mai saye, sai ka ɗan karkata kwalba ka yi masa gyara. Wanda ba ya gyara ba ya riƙe abokan ciniki. Hannuna ya shekara ashirin yana wannan karkatawar, har ya daina neman izinina. Ga shi kuma babanku, in ya ga na juye gwangwanin a kofi, sai ya dube ni da idanun nan da suka faɗa, ya ce da ƙaramar murya, Dije, ɗan gyara mini. Mutumin da ban taɓa jin ya roƙi kowa komai ba. Ɗigo ne, ina gaya wa kaina, ɗigo ba ya komai. Ranar ta huɗu da safe na ɗaga kwalbar a hasken rana don in duba. Kamata ya yi in ga gwangwani huɗu. Na san inda huɗu ke tsayawa a jikin kwalbar nan kamar yadda na san tafin hannuna. Abin da na gani bai fi biyu ba, da ɗan kaɗan. Na zauna a ƙasan madafa na rungume kwalbar giya ina kuka kamar an yi mini mutuwa.

Inuwa na ga ta rufe ƙofar. Iya ce, wadda tun ranar da na shigo da kwalbar ba ta yi mini magana ba.

"Tun ranar farko nake kallon hannunki ta asabari. Gyara kike yi masa."

"Iya, ban san ina yi ba. Wani lokacin kuma na sani."

"Kwana nawa Yohanna ya ce ya rage?"

"Huɗu, har da yau."

"Miƙo."

Na ɗago ina kallonta. Ta miƙo hannun hagu, ta kawar da fuska gefe.

"Na ce miƙo. Hannunki na tausayi ne, zai kashe mini ɗa."

Kun san Iya da awo. Gishiri da kanwa take sayarwa a zaure, kuma tunda take ba ta taɓa ƙara wa kowa ƙwaya ɗaya ba, yaran unguwa har suna suka sa mata a bayan idonta, Iya Ba-gyara. Ta ture gwangwanina ta ce ya yi girma. Ta sa aka kira Baba Yohanna, suka sake rabo da murfin kwalbar, shi yana faɗa tana gyaɗa kai, ba ta yarda sun haɗa ido ba. Ya ce zai yi wuya, jikin zai yi bore, amma in hannu bai karkata ba akwai fata. Ta ce hannunta bai san karkata ba.

Kwanakin nan ba na son tuna su. Rawar ta dawo masa, zufa ta dawo, ga masifa. Iya takan zauna a kan kujerarta 'yar tsugunne, ta cika murfi da hannun hagu, ta ɗaga shi daidai idonta, in ya ɗan tasa ta mayar da ɗigon cikin kwalba, bakinta yana motsi da istigfari. Na ga babanku, da furfurarsa, ya durƙusa a gabanta ya kama ƙafarta.

"Iya, don Allah, don Annabi. Ɗigo ɗaya."

"Babu."

"Mutuwa zan yi, Iya."

"Da na yaye ka ma haka ka yi ta yi mini, ba ka mutu ba. Sha kununka."

Ya faɗa mata maganar da ba zan rubuta ba, maganar da ɗa ba ya faɗa wa uwa. Na toshe kunnena. Ita ko gezau. Ta rufe kwalba, ta ɗaure ta a bakin zanenta kamar kuɗin cefane, ta je ta wanke hannu da toka da sabulu har sau nawa, ta shiga ɗaki ta tayar da salla. Da ita take kwana, da ita take tashi, don kada ya lallaɓa ya ɗauka. Tsohuwar da ko ledar ba ta iya taɓawa ba.

Ranar ƙarshe rabin murfi ya rage. Ta zuba shi a kofi cike da ruwa ta miƙa masa, sannan ta kifa kwalbar a gabansa ta girgiza don ya gani da idonsa. Daga nan sai jira. Muka wuni a gindin mangwaron tsakar gida, shi a tabarma, Baba Yohanna a benci da sandarsa, ni ina ta tashi ina zama ba tare da aikin komai ba. Duk motsin da ya yi sai gabana ya faɗi. Hannunsa yana rawa, amma bai faɗi ba. Aka kwana, aka tashi, bai faɗi ba. Bayan azahar ya juyo ya dube ni, ya ce da muryarsa ta da, wadda na manta da ita:

"Dije, akwai sauran tuwon jiya?"

Baba Yohanna ya cire hularsa ya rufe fuska da ita. Ni na ruga madafa ina dariya ina kuka. Da na fito da kwanon ban ga Iya a kujerarta ba. Na ajiye masa, na zaga bayan ɗaki. Na same ta zaune a ƙasa, ta jingina da bango, jikinta yana rawa irin wadda ɗanta ya yi, ta cusa gefen mayafi a baki don kada a ji. Tunda na zo gidan ban taɓa ganin hawayenta ba. Na durƙusa na ce ta yafe mini, ni na shigo mata da abin nan gida, ni kuma na ɓata awon har ya kai ta ga taɓawa. Ta cire mayafin daga bakinta ta ce:

"Ke kin sayo, duniya ta gani, tana nan tana yi miki hukunci, ya ishe ki. Kin san abin da malamai ke faɗa a kan mai zubawa. Ko ba ki yi gyara ba, da na karɓa. In an zo tambaya a can, gara a same ta a hannuna. Ni na haife shi."

Babanku bai sake sha ba har ya koma ga Allah. Ya koma tuƙi da hanya ta buɗe, ya aurar da ku mata da hannunsa, ya ga jikoki. Ya nemi gafarar Iya a kan maganar da ya faɗa mata, ta ce ita ba ta ji komai ba. Kun tashi kun ga kakarku ba ta shan azumin Litinin da Alhamis, ko tana ciwo, har kuna yi mata tsiya wai tana so ta riga kowa shiga Aljanna. Daga makon nan ta fara, kuma ba ta daina ba sai da ta kasa haɗiye ruwa. Na sha gaya mata cewa ceton rai ta yi, malamai ma sun san lalura. Takan ce ta ji, amma ita ba ta son a yi mata gyara.

Ni an zage ni a fili, kun ji, kun yi kuka, wasu ma daga baya sun zo sun ba ni haƙuri. Ita nata ba wanda ya gani sai ni. Don haka in kun ɗaga hannu za ku roƙa wa babanku gafara, ku fara da ita.